Lamba ta Ƙarshe a Jerin Baba

Gwaggo, ni mai karanta filinki na ba da shawara ce, don Allah ki taimake ni, domin abin da ke cina a rai ya kai wata biyu kuma na rasa wanda zan faɗa wa ya gane. Waɗanda suka san aikin ba su san Baba ba, waɗanda suka san Baba kuma ba su san aikin ba. Ki yi haƙuri idan wasiƙar ta yi tsawo, sau uku ina fara ta ina gogewa.

Ni ce babba a gidanmu, shekarata ashirin da shida. Mahaifinmu ya rasu wata bakwai ke nan, Allah ya jiƙansa. Malamin kwamfuta ne a wata kwaleji, ɗalibansa suna kiransa Malam Mataki, saboda komai ka kawo masa, ko ɗaura igiyar shanya ce, sai ya ce a bi mataki-mataki. Bai taɓa wallafa littafi ba, bai taɓa zuwa taron masana ba. Abin da ya bari shi ne littattafan rubutu goma sha ɗaya da ya yi wa bango da tsofaffin kalanda, da wani tebur kusa da taga wanda ya tokare ƙafarsa ɗaya da murfin kwalba, sai kuma rubuce-rubucensa a kundin ilimin nan na intanet wanda kowa ke iya shiga ya gyara. Shi ya koya min gyara a can tun ina sakandare. Shafukan da muka fi taɓawa su ne na algoridim, wato jerin matakan da ake shimfiɗa wa kwamfuta ta bi har ta warware matsala.

Akwai shafi guda da ya fi so, na hanyar neman abu a cikin jerin da aka riga aka tsara. Kamar yadda kike neman kalma a ƙamus ne, Gwaggo. Ki buɗe tsakiya, ki duba ko kalmar tana gaba ko tana baya, ki watsar da rabin da ba ta ciki, ki sake buɗe tsakiyar abin da ya rage, har ki iske ta. Wannan hanya tsohuwa ce, ba Baba ya ƙirƙiro ta ba. Amma shekara tara da suka wuce ya ƙara wani sashe a shafin, inda ya shimfiɗa matakan a gajarce yadda yake koyar da su a aji, ya kuma ba da misali da lambobi shida: 4, 9, 13, 17, 41, 52. Duk baƙon da ya zo gidanmu sai an nuna masa sashen nan, ko ya iya kwamfuta ko bai iya ba. Mama takan yi masa tsiya ta ce ko ranar da aka haife ni bai washe baki haka ba.

Dokar kundin kuwa ita ce duk abin da ka rubuta sai ka kawo madogara, wato littafi ko mujallar da aka buga wadda ta faɗi haka. Saninka na kanka ba ya shiga, ko da kai ne malamin malamai. Baba ya san da wannan doka sarai, shi da yake goge na wasu a kanta, amma nasa sashen ya bar shi haka ba madogara, aka yi shekaru ba wanda ya tanka. Sai bara wani mai gyara da ke kiran kansa Tsintsiya ya biyo ta kan shafin. Ban san fuskarsa ba, ban ma san ko namiji ne ko mace ba, amma sunan ya dace da shi. Ya liƙa wa sashen alamar ana buƙatar madogara, ya kuma rubuta a shafin tattaunawa cewa idan wata guda ya wuce ba a kawo ba zai share shi.

A lokacin Baba yana kwance, hannunsa na dama ya daina aiki. Ni na yi wautar karanta masa saƙon. Sai ya juya fuskarsa bango, abincin rana ma ranar bai ci ba. Na rantse a raina sai na samo madogarar nan. Na yi mako uku ina bin ɗakunan karatu bayan na tashi daga aiki, ina buɗe duk littafin kwamfuta da hannuna ya kai gare shi. A ranar ashirin da uku na samu. Wani ɗan littafin koyarwa ne mai koren bango, a shafi na tamanin da takwas, ga matakan Baba nan ɗaya bayan ɗaya, har da misalin. Gwaggo, ba zan yi miki ƙarya ba, na ga lambobin iri ɗaya ne, zuciyata ta ɗan taɓa ni, na kawar da kai. Na ce wataƙila misali ne da malamai suka saba bayarwa. Ban duba shekarar da aka buga littafin da idon basira ba, na dai kwafe ta na saka a shafin. Tsintsiya ya cire alamarsa, har ya rubuta min godiya.

Na ɗauki hoton shafin littafin na kai wa Baba a waya. Ya sa na ɗora masa tabarau, ya daɗe yana kallo, ya sa na ƙara girman hoton wajen misalin. Sai ya yi wata 'yar dariya, ya ce, "Lambobin nan sun yi tafiya." Ya dafa kaina da hannun hagu ya sa min albarka. Ban taɓa jin na yi wa mutum abin kirki kamar ranar ba. Bayan kwana goma sha tara ya rasu.

Da aka watse daga zaman gaisuwa, Mama ta sa ƙanina ya buga shafin a takarda, aka sa shi a gilashi aka rataye a falo, saman teburin nan nasa. Ita ba ta karanta matakan, amma ta san ƙaramar lambar da ke ƙarshen sashen ita ce ke nuna littafin da ya gaskata mijinta. Duk wadda ta shigo sai ta nuna mata da yatsa, ta ce ga shi nan, masu littafi ma sun yarda da shi, kuma babbar 'yarsa ce ta tono. Kullum da safe sai ta goge gilashin da gefen mayafinta.

Wata biyu da suka wuce wata mata ta yi rubutu a shafin tattaunawa. Ta ce ita ma'aikaciyar wani ƙaramin ɗakin karatu ce, ta koyi rubuta manhaja da kanta, ta kwafi matakan sashen ta yi abin neman sunayen masu aron littafi. Komai yana tafiya daidai, sai dai mutumin da sunansa ya zo ƙarshe a jerin, wani dattijo mai zuwa kowane mako, kullum kwamfutar sai ta ce babu shi. Sau uku tana sake yi masa rajista, har ya ji haushi ya ce ko ba a son zuwansa ne. Ta tambaya cikin ladabi ko ita ce ta yi kuskure. Na ɗauki biro da takarda na zauna a teburin Baba na bi matakan da misalinsa. Na nemi 4 na samu, na nemi 17 na samu, na nemi 41 na samu. Da na nemi 52 sai matakan suka ƙare suka ce babu. Na sake sau biyar. Baba ya kafa iyakar nema a kan abu na ƙarshe, alhali ya kamata ya kafa ta gaba da shi da ɗaya, shi ya sa ba a taɓa duba na ƙarshen. Ɗaya tak ya manta ya ƙara.

Ina nan zaune da takardar Mama ta shigo, ta leƙa ta ga lambobin da na jera. Sai ta yi murmushi ta ce ashe na san sirrin. Na ce wane sirri? Ta sa yatsa tana bi, ta ce wannan Auta ce tana da shekara huɗu, wannan na gaba da ita, wannan ƙaninki, sha bakwai ke ce, arba'in da ɗaya ni, hamsin da biyu shi. Shekarunmu ne na shekarar da ya rubuta, ita ya tambaya ma don ya manta na Auta. Ta faɗa tana dariya tana share hawaye, ni kuwa littafin nan mai koren bango na tuna. Yaya za a yi marubucin da bai san mu ba ya san shekarun gidanmu? Na buɗe tarihin shafin na duba ranar da Baba ya rubuta sashen, na koma na duba littafin. An buga shi bayan shekara huɗu. Marubucin daga kundin ya kwafa, har da kuskuren, bai ambata ba. Ni kuma na ɗauko wanda ya kwafi Baba na kafa shi shaidar Baba. Ashe duk watannin da Mama ta yi tana goge gilashin nan, mijinta ne ke ba da shaida a kan kansa.

Yanzu ga inda nake. Tsintsiya ya amsa wa matar cewa mu abin da madogara ta faɗa muke bi, tunda littafi ya kawo matakan haka, ba za a canza ba sai an kawo wani littafin da ya saɓa masa. Wato madogarar da na kafa ita ce ke tsare kuskuren. Ba wanda ya san littafin kwafe ne sai ni. Idan na faɗa, sashen ya koma ba madogara, kuma na san Tsintsiya, ba zai kwana biyu ba zai share shi gaba ɗaya. Idan na yi shiru, mutum ɗari da wani abu ne ke buɗe shafin a kowace rana, ban san nawa ne za su kwafa ba. Na gaya wa ƙanina, ya ce idan na kuskura na taɓa shafin ba shi ba ni, wai dattijo ɗaya da aka sake yi wa rajista bai kai hawayen Mama ba, kuma wanda ya mutu ba a tona masa asiri. Na kasa musa masa, na kuma kasa yarda da shi.

Abin da ya fi min ciwo, Gwaggo, shi ne na yaudari mahaifina a kan gadon ajalinsa. Ya tafi yana ganin duniya ta gaskata shi, alhali gaggawata ce da son zuciyata. Albarkar da ya sa min ban ci ta da gaskiya ba. Tun ranar ban sake gyara ko waƙafi a kundin ba, kuma idan zan wuce falo sai in sunkuyar da kai. In goge sunan Baba da hannuna, ko in bar ƙarya a rataye a bango? Ki faɗa min, ko da abin da ba na son ji ne.

Taki,
'Yar Malam Mataki

*

'Yata,

Allah ya jiƙan mahaifinki, ya ba ku haƙurin rashinsa. Ni ba gwanar kwamfuta ba ce, wayata ma da ƙyar muke shiri, amma na karanta wasiƙarki sau biyu, kuma akwai abin da na gani a ciki wanda baƙin ciki ya rufe miki ido ba ki gani ba. Da shi zan fara.

Kin ce kin yaudari mahaifinki. Koma ki karanta abin da kika rubuta da hannunki. Mutumin da ya zaɓi lambobin nan da kansa, ya je ya tambayi matarsa shekarun autarsa, shi ne ya sa kika ƙara girman hoton daidai wajen misalin, ya daɗe yana kallo, ya yi dariya ya ce sun yi tafiya. Kina tsammanin bai gane iyalinsa ba? Malamin da ya yi shekaru yana goge rubutun wasu saboda rashin madogara ya fi ki sanin abin da yake kallo. Ban shiga zuciyarsa ba, amma a ganina ya gane kwafarsa aka yi, ya dubi 'yarsa da ta yi mako uku tana bin ɗakunan karatu saboda shi, ya ga ba ranar ɓata mata farin ciki ba ce. Albarkar da ya sa miki ta wahalar da kika sha ce, kuma wahalar nan ba ƙarya a cikinta. Ki sauke wannan kayan, ba naki ba ne.

Laifin da ke kanki shi ne wanda kika faɗa da bakinki, zuciyarki ta taɓa ki kika kawar da kai. Wannan ya faru, kuma so ne ya jawo shi. Amma a lokacin ba ki da tabbas, yanzu kina da shi. Duk ranar da ta wuce daga yau kina shiru, da saninki ta wuce.

Ƙaninki ba mugu ba ne, kada ki riƙe shi a rai. Uwarsa yake karewa, kuma gaskiyarsa ce cewa mace mai sabon rashi ba a fizge mata abin da ta dafa. Inda ya kuskure shi ne da ya ɗauka dattijo ɗaya ne. Dattijon shi ne wanda labarinsa ya iso gare ku. Sauran waɗanda suka zo ƙarshe a jerin wani asibiti ko wata makaranta, aka ce musu babu su, ba za su taɓa sanin inda abin ya samo asali ba. Kuma maganar tonon asiri ba ta taso ba. Malami ya manta ƙara ɗaya ba abin kunya ba ne, duk wanda ya taɓa riƙe alli ya yi irinsa. Gyara kayanka ba ya zama sauke mu raba. Da mahaifinki yana raye ya ga saƙon matar nan, ke kin san ba zai ci abinci ba sai ya gyara.

Saboda haka amsata ita ce ki faɗa, amma ki bi mataki-mataki, kamar yadda aka koya miki a gida. Mama ce farko, kafin ki taɓa shafin. Kada ta ji daga bakin ƙaninki cikin fushi. Ki zaunar da ita da rana, ku biyu, ki sauko da gilashin ki ɗora a cinyarta. Kada ki fara da cewa littafin ƙarya ne, domin ba haka abin yake ba. Ki gaya mata yadda yake: ba littafi ne ya gaskata Baba ba, Baba ne ya koyar da mai littafi. Bayanin mijinta ya yi kyau har wani marubuci ya ɗauka ya buga wa ɗalibai, shekarun 'ya'yanta suna cikin ɗakunan karatun da ba ta taɓa shiga ba. Daga nan ki gaya mata akwai gyara guda, da abin da zai iya biyo baya. Za ta yi kuka, ki bar ta ta yi. Matar da ta zauna da mutum kusan shekara talatin ta san yana mantuwa, ita ce ma ta tuna masa shekarun Auta. Gilashin kuma ki mayar mata da shi bango. Takardar ciki rubutun mijinta ce, ba wanda ya isa ya share ta daga falonku.

Bayan haka ki shiga shafin tattaunawa ki rubuta gaskiya a gajarce, ba tare da yawan zargin kai ba. Ki ce ke kika kawo madogarar, kin gano an buga littafin bayan sashen kuma daga shi ya kwafa, ki nuna ranakun, ki nuna inda ɗayan ya ɓace. Ki faɗa musu cewa wanda ya rubuta sashen mahaifinki ne, don haka kin bar hukunci a hannunsu. Ki amsa wa ma'aikaciyar ɗakin karatun da kanki, ki gaya mata ba ita ta yi kuskure ba, ki ba ta gyaran. Ta cancanci godiya, dattijonta kuma ya cancanci a same shi ran da ya dawo. Idan da hali ki rubuta wa waɗanda suka buga littafin, cikin ladabi, don su gyara a bugu na gaba.

Ba zan yi miki alkawarin Tsintsiya zai bar sashen ba. Mai yiwuwa ya share, kuma aikinsa ya yi, irin wanda mahaifinki ya yi wa wasu. Zai yi miki zafi, ba zan ɓoye miki ba. Amma ke da kanki kika ce kin buɗe tarihin shafin kin ga ranar da ya yi rubutun, wato akwai inda aikinsa yake ajiye ko an cire shi daga fuskar shafin. Sannan kina da littattafan rubutu goma sha ɗaya a gida. Ki kai su wa wani abokin aikinsa da kika yarda da shi, ku duba ko akwai abin da ya isa a tsara a aika wa mujallar malamai da sunansa, a bar masana su tantance. Idan ya fito, wani ne zai kafa shi madogara, ba ke ba. Idan bai fito ba, kin dai karanta mahaifinki daga bango zuwa bango, kuma ba kowane uba ke samun wannan ba. Ƙaninki kuwa ki ba shi lokaci, ki kira shi ya taya ki buɗe littattafan. Fushin ɗan'uwa ba ya kaiwa ƙashi.

Abu na ƙarshe. Na ɗauki biro na bi lambobin kamar yadda kika bayyana, na ga abin da ya sa ni ajiye biron na ɗan jima. Hanyar mahaifinki ta samo Auta, ta samo ki, ta samo mahaifiyarku, ta samo kowa a gidan. Mutum ɗaya ta manta, shi kansa. Na san iyaye da yawa masu irin wannan lissafi. Ko sashen ya tsaya a kundin ko bai tsaya ba, ki zauna a teburinsa ki sake rubuta matakan a takarda da ɗayan da ya manta, ki nemi hamsin da biyu a gaban Mama, ta ga an same shi.

Allah ya ƙara miki ƙarfin zuciya, ya sanyaya ran mahaifiyarki, ya haɗa kanku ke da ƙaninki, ya kai haske kabarin Malam Mataki.

Gwaggonki